Yadda Ɗingishin Kawu Ya Zaga Duniya

Idan ka taɓa kallon talla ko fim na zane mai motsi, ka lura da mutanen da ake zubawa can baya don cika titi, waɗanda ba su da suna kuma ba a ba su magana ba, za ka ga kusan dukkansu suna ɗan ɗaga ƙafar hagu kamar masu tsoron taka ƙasa. Ba wata cuta ce ta kama su gaba ɗaya ba. Tafiyar mutum ɗaya suke yi, kuma mutumin yana nan da ransa, yana cin tuwon haushin abin har gobe. Kawu ake ce masa.

A kamfanin da ya yi wa aiki, ba kawun kowa ba ne sai na Dogo, ɗaya daga cikin samari biyun da suka kafa shi. Ƙanen mahaifiyar Dogo ne, ko da yake tazarar shekarunsu ba ta taka kara ta karya ba. Dogo ya kira shi Kawu, abokin Dogo da ake kira Mai Gilashi ya ɗauka, daga nan duk wanda aka ɗauka aiki sai ya tarar da sunan yana jiransa a bakin ƙofa. Matarsa ma ba ta tsira ba, ta zama Innar kowa.

A farkon lamari kamfanin ɗaki ɗaya ne a saman shagon wani tela, da kwamfutoci masu ƙatuwar ƙeya da fanka mai kukan tsiya. Aikin Kawu wuta da wayoyi. Shi ya jawo waya daga ƙasa, shi ke buɗe cikin injina ya share, shi ke sauka ya lallaɓi tela ya kashe dutsen guga idan kwamfuta na tsakiyar aiki, don in aka haɗa biyun wuta ɗaukewa take yi, wahalar yini guda ta bi iska. Manhajar da samarin suka fara yi ba ta iya komai ba sai wasa da haruffa: sunan kanti ya taso, ya yi juyi, ya yi ƙyalli, ya zauna. Masu talla suka yi ta rububinta. Sai Mai Gilashi, wanda ba ya iya ganin abu na zaman lafiya ya ƙyale shi, ya ce haruffa sun ishe shi, shi mutum yake so ya sa ya yi tafiya a cikin kwamfuta.

Dogo ne mai zane. Ya gina wani mutum mai launin toka, ba fuska ba tufafi, ya sa masa ƙwarangwal, ya kwashe makonni yana motsa gaɓoɓin ɗaya bayan ɗaya da hannu. Abin da ya fito yana tafiya kamar kujerar da aka koya wa rawa. Da suka gaji, suka samo aron wasu kaya na yini ɗaya tak: kyamarori da ƙananan ƙwallaye masu ƙyalli da ake manna wa mutum a gaɓoɓi, ya yi tafiya, kwamfuta ta kwafe motsinsa ta ba mutumin toka.

To, wa zai yi tafiyar? Dogo in yana tafiya sai ka ce zai karye biyu. Mai Gilashi kuwa kansa na riga ƙafafunsa isa ko'ina. Suka juyo suka dubi Kawu, wanda ke kan tsani da waya a baki.

Gaskiya ba su yi zaɓen banza ba. A zamanin nan Kawu yana da taku. Kafaɗa a buɗe, kai a sama, hannun dama na lilo a hankali, ba sauri ba nawa, kamar wanda aka gina titin dominsa. Inna ta sha faɗa cewa bayansa ta fara gani kafin fuskarsa, kuma da fuskar ta fara gani da sai ta yi shawara. Ba shi da mota, ba shi da murya, karatunsa bai yi nisa ba, amma in ya ratsa layi masu zaman bakin shago sukan yi shiru har ya wuce. Wannan takun shi ne abin da ya mallaka.

Dogo ya ce, "Kawu, gobe za mu ɗauke ka a kyamara."

Iyakar bayanin da aka yi masa ke nan, shi ma iyakar abin da ya kai gida ke nan. Inna ta ce mijinta ba zai shiga fim da tsohon takalmin da ya sha hawa tsani ba. Ta fita ta dawo da sabon sau-ciki, baƙi wul, yana ɗaukar ido. Ƙafar dama ta shiga da lallami, ta hagu sai da aka yi mata dole. Mai kanti ya rantse mata fata ce, za ta buɗe.

Washegari aka tuɓe wa Kawu rigarsa mai kyau, aka sa masa wasu matsattsun kaya kamar na mai ninkaya, aka bi shi da ƙwallaye tun daga goshi har kan takalmin. Mai Gilashi ya daɗe yana aune-aune. Ana gamawa mai kyamarorin da aka aro ya iso ƙasa da mota, ya fara danna ham.

"Bismilla, Kawu, daga bangon nan zuwa wancan."

Kawu ya taka. Ɗan yatsan ƙafarsa ta hagu ya ce bai san wannan zance ba.

"Kawu, lafiya? Kamar kana ɗingishi," in ji Dogo.

"Takalmin ne. Bari in cire."

"Kai, kada ka taɓa!" Mai Gilashi ya yi tsalle. "Na riga na auna da shi. In ka cire sai mun sake komai daga farko, ga mutumin can zai fasa mana kunne."

"To ai gara a gan ni ba takalmi da a gan ni ina tafiya haka."

"Wa zai ga takalmi? Kyamarar nan ba ta ganin takalmi, ba ta ganin riga, ba ta ganin fuska. Motsi kawai take ɗauka."

Kawu ya dubi ƙafarsa, ya dubi ɗan yayarsa. "Dogo, kuma ka san haka jiya?"

"Yi haƙuri, Kawu. Gwaji ne kawai. Da zarar mun sayi namu kayan za mu sake."

Gwaji ne kawai. Kawu bai san masu wannan sana'a ba tukuna. Bai san cewa duk abin da suka ajiye da sunan kafin a gyara, shi ne zai binne su ba.

Da manhajar ta fito, samarin suka ga bai dace mai saye ya buɗe ya tarar da fili fayau ba. Suka sa mutumin toka a tsakiya, da maɓalli ɗaya: ka danna, ya fara tafiya. Sunan tafiyar a ciki, Kawu. Manhaja ta karɓu fiye da yadda kowa ya zata, ta tsallaka ƙasashen da Kawu bai taɓa jin sunansu ba. Masu zane kuwa ko'ina halinsu ɗaya, kullum aiki ya sha musu kai. Jarumin labari za su zauna su ƙera masa tafiyarsa ta musamman. Amma taron da ke bayansa, 'yan kasuwa da masu jiran mota da mayaƙan da za a kashe tun kafin a ga fuskarsu, wa ke da lokacinsu? A danna Kawu a wuce.

Inna ce ta fara ganowa. Suna zaune a falo ana tallar man goge baki, sai ta dafe ƙirji.

"Malam, ga ka can!"

"Ina?"

"Ga ka, ga ka, ga ka kuma! Wancan mai jar hular ma kai ne. Har da matar nan mai jaka!"

Ta yi dariya har da hawaye. Kawu bai ko murmusa ba. Ya kalli titi guda cike da mutane, kowa na jin zafin ɗan yatsansa na hagu.

Da safe ya tare Dogo a matakala. Dogo ya ce wallahi yana sane, bari dai a fitar da siga ta gaba ta manhajar. Siga ta gaba ta fito, ta koyi yin gashi mai kaɗawa. Wadda ta biyo ta ta iya ruwa da hayaƙi. Kamfani ya bar saman shagon tela ya kama hawa guda a wani bene, daga baya ya gina nasa mai bangon gilashi, da wani ɗaki mai sanyin tsiya inda injina ke gurnani dare da rana, aka damƙa wa Kawu makullinsa. Sun sayi nasu kyamarorin, har da zaure na musamman. Amma duk ranar da Kawu ya leƙa, sai ya tarar an ba masu fim haya, wani ƙato na tsalle da takobin roba.

"Kawu, ka ga dai yadda ake ciki. Wata mai zuwa."

"Dogo, tun kana da gashi kake ce mini wata mai zuwa."

Sai wani babban kamfani ya zo da tayin saye. Dogo na so, Mai Gilashi ba ya so. Suka yi ta kai ruwa rana a bayan ƙofa, ma'aikata na yin kamar ba sa ji. A ƙarshe Mai Gilashi ya tattara littattafansa ya koma kiwon kifi, ya ce su aƙalla ba sa kiran taro. Dogo ya sa hannu, ya zama hoto a bangon zaure, da mai yawon ba da lacca kan yadda aka fara daga ɗaki ɗaya. A laccar yakan ba da labarin takalmin Kawu, a yi ta tafi.

Daga nan manajoji suka fara zuwa suna wucewa. Kowanne in ya zo sai ya sauya tambarin kamfani, ya sauya wa sassa suna, ya mayar da teburan da na gabansa ya jera. Kowanne kuma sai Kawu ya sa rigarsa mai kyau ya je ya yi masa bayani tun daga tela har zuwa ham ɗin mota, sannan ya taka daga ƙofa zuwa taga don a ga bambanci. Wani ya ce zai duba. Wani ya ce ba sashensa ba ne. Wani ya miƙe da murna ya ce, "Au, kai ne Kawun? Na zata suna ne kawai!" ya rungumo shi suka yi hoto.

Mutum ɗaya ne ya saurare shi da gaske, wani manaja mai son tsabtace komai. Ya ce abin kunya ne kamfani irin wannan ya riƙa rarraba gurguwar tafiya. Ya sa aka cire ta, aka maye gurbinta da wata da kwamfuta ta lissafa. Ranar Kawu ya koma gida da nama a leda.

Murnar ba ta yi mako ba. Duk wanda ya buɗe tsohon aikinsa a sabuwar siga sai ya tarar da taronsa sun sandare a tsakiyar titi, hannuwa a shimfiɗe kamar shanya, don tafiyar da suka dogara da ita ta ɓace. Malaman da suka gina darussansu a kanta suka yi ca. Masu zane suka ce sabuwar ba ta da rai. Wani ma ya rubuta dogon sharhi yana cewa a cikin ɗingishin Kawu ana ganin nauyin rayuwa a kafaɗar talaka. Da aka karanta wa Kawu, sai da ya ajiye abin da ke hannunsa.

"Wane nauyin rayuwa? Takalmi ne! Takalmi ne ya matse ni!"

Kamfani ya ba duniya haƙuri, ya mayar da ɗingishi mazauninsa, manajan kuma aka yi masa canjin wurin aiki. Don a nuna an tuba, aka buga riguna masu hoton mutumin toka da ƙafa ɗaya a ɗage. Sababbin ma'aikata suka ɗauki al'adar shigowa ɗakin sanyi da ɗingishi su ce, "Kawu, mun iya?" Yakan ce sun iya, su fita kada su taɓa masa waya.

Abin da ya fi ƙona masa rai ya same shi ne wata safiya a zauren shiga. An kafa akwatin gilashi, an haska fitila, ga sau-cikin nan a ciki yana sheƙi kamar bai taɓa cutar kowa ba. Bai jira tashi daga aiki ba, ya nufi gida.

"Maman yara, wa ya ba su takalmin nan?"

"Ni. Sun aiko yarinya mai ladabi ta roƙa."

"Ba ki ga ya kamata ki tambaye ni ba?"

"Da na tambaye ka me za ka ce?"

"In ce a'a!"

"Shi ya sa. Shekara da shekaru yana kan kabad yana tara yanar gizo-gizo, ba ka sawa, ba ka bari a bayar. Yanzu ga shi ya samu aiki, har da fitila."

"Ke kika jawo mini wannan abin tun farko."

"Ni na ce ka taka kamar mai tsallake kwata? Mai kanti ya ce zai buɗe."

"Bai buɗe ba!"

"To ai ba ka ba shi lokaci ba, Malam. Sau ɗaya ka sa."

Haka shekaru suka tafi, gashi ya yi fari, lokacin ajiye aiki ya zo. A lokacin zauren ɗauka yana hannun wata matashiya da kowa ke kira Injiniya, mai magana a hankali, wadda ta koyi sana'ar a makaranta da mutumin toka. Ita ta same shi a ɗakin sanyi.

"Baba Kawu, an ce in tambaye ka me kake so a yi maka na sallama. Agogo ko kujerar hutawa?"

"'Yata, kin san abin da nake so. Duk ginin nan har masu shara sun sani."

"Tsohuwar tafiyar ba za ta ciru ba, ka ga abin da ya faru. Amma zan iya ɗaukar sabuwa in ajiye kusa da ita. Na hana kowa zauren ranar."

Kawu ya juya yana gyara wata waya da ba abin da ya same ta, don kada ta ga idonsa.

Kwanakin da suka rage ya yi su yana atisaye a barandar gida, daga ƙofar kicin zuwa ta falo, kafaɗa a buɗe, kai a sama. Inna na zaune tana tsintar wake tana kallonsa. Abin mamaki, ba ta ce uffan ba, ita da ba ta barin ƙuda ya wuce ba ta yi masa sharhi ba. Ranar ɗauka ta yafa mayafi ta ce za ta raka shi, kuma a wannan karon da tsohon takalminsa mai laushi zai je.

Zamani ya sauya, yanzu ba ƙwallaye ba matsattsun kaya. Kyamarori ne kewaye da zaure, duk wanda ya shiga tsakiya sai mutumin toka ya kwaikwaye shi a wani babban allo. Kawu ya ja numfashi, ya taka daga bango zuwa bango da dukkan abin da Allah ya ba shi. Ya dawo yana haki, yana murmushi.

"Nuna mini."

Injiniya ta danna. Mutumin toka ya taho, kafaɗa a buɗe, kai a sama, yana jan ƙafar dama.

"Injinku ya lalace."

Aka sake. Aka kuma sakewa. Ya ce kyamarar kusurwa ta karkace, ya nemi tsani zai hau ya duba da kansa.

"Malam," in ji Inna daga kujerarta, "injin lafiyarsa ƙalau. Gwiwar nan ta daɗe da fara yi. Hawa tsani da zaman ɗakin sanyi ba za su tafi a banza ba."

"Kuma kina kallo ina ta zirga-zirga a baranda ba ki faɗa ba?"

"Ka taɓa jin abin da na faɗa a kan ƙafarka?"

Kawu ya zauna. Ya jira wannan rana tun gashinsa na baƙi, ga ta ta zo, ƙafar ta riga ta tafi. Yanzu in aka sa wannan kusa da waccan, duniya za ta samu ɗingishin hagu da na dama, a riƙa zaɓa.

Injiniya ta ce a hankali, "Baba Kawu, zan iya miƙar da ita da hannu." Ta yi 'yan taɓe-taɓe, ta daidaita ƙafafun. Mutumin toka ya taho tsaf, ba tangarɗa, kamar an auna kowane taku da ma'auni.

Inna ta taɓe baki. "Wannan kuma wane ne? Ba mijina ba ne. Wannan ko bashi ya zo nema ba za ki tuna fuskarsa ba. Shi fa ba haka yake yi ba, 'yata. Ba a kafaɗa abin yake ba, yana ɗan jinkirta ƙafar baya ne, kamar ƙasar ce ba ta so ya tafi. Sannan hannun nan... kai, bari ki gani."

Ta ajiye jaka, ta gyara ɗaurin zane, ta shiga tsakiyar zaure. Ta ɗaga kai, ta dubi bangon can kamar akwai masu zaman bakin shago a jikinsa, ta taka.

Kawu ba ita yake kallo ba, allon yake kallo. Kyamara ba ta ganin zane, ba ta ganin mayafi, ba ta ganin furfura. Mutumin toka ya ratso allo, ba sauri ba nawa, hannun dama na lilo, titi nasa ne. Kawu ya gane kansa. Rabonsa da ganin mutumin nan tun ranar da aka kawo sau-ciki gidansa.

"Inna," in ji Injiniya, "kyamara na kunne. Kin yarda in ajiye?"

"Tambayi mai tafiyar. Ni aro na yi."

Kawu ya daɗe yana share gilashin idonsa da bakin riga. "A ajiye," ya ce. "Amma a sa ta farko."

Ba a sa ta farko ba. Injiniya ta yi iya ƙoƙarinta, aka ce mata taɓa ta farkon zai sake sandarar da mutane. Sabuwar siga ta fito da tafiya biyu, Kawu a sama, Kawu Na Asali a ƙarƙashinsa, inda sai mai neman abu ya gangara zai gani. Masu zane kuwa har yanzu aiki na shan kansu.

Yanzu Kawu na gida, ƙafa a kan matashi, ya zama mai gadin talabijin. Ba ya kallon jarumi, ba ya bin labari, bayan fage kawai yake dubawa yana tsaki. Rannan ana tallar wani banki, titi cike da masu ɗingishi kamar kullum, sai can a gefe, kusa da wata fitilar hanya, wani mutum ya ratso da kai a sama.

"Maman yara! Zo, zo da sauri!"

Ta fito da ludayi a hannu. Suka bi shi da ido har ya fice daga allo. Sai Kawu ya haɗe rai.

"Amma ni ban taɓa kaɗa ƙugu haka ba."

"Malam," ta ce tana komawa kicin, "ka taɓa ganin kanka ta baya?"